Kakar 1998 ta Jami'ar USC: wasan 21 da 14 da ya sa aka sake ƙera kulkin besbol

Wanda ya ci karo da sakamakon 21 da 14 a shafin wasanni na jaridar Amurka zai ɗauka ƙwallon zari-ruga ce irin tasu, wadda ake tara makinta bakwai-bakwai. Amma sakamakon wasan besbol ne, wasan da aka saba tashi 4 da 3 ko 5 da 2. An buga shi ranar 6 ga Yuni, 1998, a filin Rosenblatt da ke birnin Omaha na jihar Nebraska, tsakanin Jami'ar Kudancin Kalifoniya, wadda aka fi sani da USC, da Jami'ar Jihar Arizona. USC ce ta ɗauki kofin jami'o'in ƙasar, karo na 12 a tarihinta. Watanni biyu bayan haka hukumar wasannin jami'o'in Amurka, NCAA, ta sanar da sabuwar doka kan kulkin da ake buga ƙwallo da shi, wani kamfani ya maka ta kotu, aka shiga jayayyar da ta ɗauki shekara 13 kafin a kai ga ma'aunin da ake aiki da shi yau. Har yanzu idan aka ga haruffan BBCOR, sunan wannan ma'auni, a jikin kulki, asalin maganar yana komawa ga wannan kaka.

Ƙa'idar wasan a taƙaice

Kowace ƙungiya tana da mutum tara. Ɗaya tana bugu, ɗaya tana tsaron fili, sannan a yi musanya. Mai jifa yana tsayawa a kan ɗan tudu mai nisan mita 18.44 daga mai bugu. Idan mai bugu ya sami ƙwallon, sai ya ruga ya zagaya tashoshi huɗu da aka jera kamar kusurwoyin murabba'i, tsakanin kowace biyu mita 27.4. Tasha ta huɗu ita ce inda ya tsaya ya yi bugu, ana kiranta gida, kuma duk wanda ya dawo gida ya ci maki ɗaya. Idan aka fitar da mutum uku daga masu bugu, damarsu ta ƙare. Damar kowane ɓangare sau ɗaya ita ce zango guda, kuma wasa zango tara ne. Ba a aiki da agogo, shi ya sa yawan ci yake tsawaita wasa.

Abin da ya fi shafar wannan magana shi ne bugun da ke tsallake katangar bayan fili ta sama, wanda suke kira hom-ran. Wanda ya yi shi zai zagaya tashoshin ba mai tare shi, kuma duk abokansa da ke kan tashoshi za su shigo gida tare da shi. Idan tashoshin uku a cike suke, bugu ɗaya maki huɗu ne.

Hanyar USC zuwa Omaha

USC tsohuwar gidan kofi ce. A ƙarƙashin koci Rod Dedeaux ta ɗauke shi sau biyar a jere daga 1970 zuwa 1974, ta sake ɗauka a 1978, daga nan sai aka yi shekara 20 shiru. Mike Gillespie, wanda ya gaji Dedeaux, ya taɓa cin kofin a matsayin ɗan wasa a 1961, ya kuma kai ƙungiyar wasan ƙarshe a 1995 inda Cal State Fullerton ta doke ta 11 da 5.

A 1998 ƙungiyoyi 48 ne ke shiga gasar. Ana raba su gida takwas, shida-shida, kowane gida ya fitar da gwani ɗaya ya tafi Omaha. A kowane mataki sai an doke ƙungiya sau biyu take fita, ban da wasan ƙarshe, wanda a lokacin wasa ɗaya ne tak. An tura USC can gabashin ƙasar, garin Clemson, ta fito daga nan.

A Omaha kuwa ta fara da tuntuɓe. Jami'ar Jihar Luwiziyana, LSU, mai riƙe da kofin 1996 da 1997, ta doke ta 12 da 10 da hom-ran takwas a wasa ɗaya. LSU ta koci Skip Bertman ita ce uwar salon da 'yan jarida suka raɗa wa suna "wasan gwaggon biri": a tara ƙarti, kowa ya ɗaga ƙwallo sama da iya ƙarfinsa. A kakar 1997 ta yi hom-ran 188, ba wasa ko ɗaya cikin 70 da ta buga ba ta yi ba. Wannan kaye ya jefa USC sahun waɗanda kuskure ɗaya zai mayar gida. Ta doke Florida 12 da 10 bayan ƙarin zango, ta doke Jihar Mississippi 7 da 1, sannan ta sake haɗuwa da LSU, wadda dole sai ta doke ta sau biyu. Ta yi hakan, 5 da 4, sannan 7 da 3.

Waɗannan alƙaluma uku, 1 da 4 da 3, su ne aka fi mantawa idan ana ba da labarin kakar. A gasar da aka yi hom-ran 62, masu jifan USC sun riƙe abokan karawarsu a maki takwas kacal cikin wasa uku a jere, biyu daga ciki da ƙungiyar da ta fi kowa ƙarfin bugu. Da kulki kaɗai ke cin kofi, da LSU ce ta kai wasan ƙarshe.

Wasan ƙarshe

USC ta ci uku a zangon farko, biyar a na biyu, ta yi gaba 8 da nema. A besbol irin na kulkin katako, wannan tazara ta kashe wasa. Arizona ta rama biyar a zangon na biyu nan take.

Abin da ya raba gardama ya faru a zango na bakwai, kuma ba kulki a cikinsa. USC na gaba 11 da 8, tashoshi a cike, an riga an fitar da mutum biyu, mai bugu Wes Rachels saura masa kuskure ɗaya a fitar da shi zangon ya mutu. Gillespie ya ba Morgan Ensberg, wanda ke tasha ta uku, alamar ya saci gida. Ma'anarsa shi ne ya ruga tun mai jifa na ɗaga ƙafa, ya yi tsere da ƙwallon a kan mita 27. Kasadar ta fuska uku ce: idan ƙwallon ta riga shi, mai cafe jifa da ke bayan gida zai taɓa shi da ita a fitar da shi, idan jifan ya bi daidai ta saman gida, an fitar da mai bugu, gudun ya tashi a banza, idan kuma mai bugu ya kai duka, kan abokinsa ne a hanyar kulkin. Ensberg ya zame ya taɓa gida kafin a taɓa shi, sauran biyun suka matsa gaba, Rachels ya bugo ƙwallon da ta shigo da su. Sakamako ya koma 14 da 8.

Ko wannan bai isa ba. Arizona ta ci biyar, aka koma 14 da 13. Aka shiga zango na tara 16 da 14, inda Jason Lane, wanda shi ma ya yi jifa a wasan kuma shi aka rubuta wa nasarar, ya yi hom-ran da tashoshi a cike. Jack Krawczyk, mai jifan da ake ajiyewa don rufe wasa, wanda makaminsa jifa ne mai kama da mai sauri amma ya iso a makare, ya ƙarasa ba a sake ci ba. Karo na 23 ke nan da ya tsare wa ƙungiyarsa nasara a kakar, abin da ba a taɓa yi ba kafin shi. Rachels ya shigo da maki bakwai shi kaɗai, aka ba shi gwarzon gasar. Jimillar ɓangarorin biyu: maki 35, bugu mai kyau (wanda ya kai mai bugu tasha lafiya) 39, hom-ran tara, kusan awa huɗu. USC ta rufe kakar da nasara 49 da rashin nasara 17.

Me ke cikin kulkin

Ƙwararrun babbar gasar Amurka da katako suke bugu har gobe. Jami'o'i kuwa an ba su izinin kulkin alminiyum a 1974, kuma dalilin kuɗi ne. Katako yana karyewa, musamman idan ƙwallo ta sami siririn wuyansa kusa da hannu, ƙungiya kan cinye kulake masu yawa a kaka ɗaya. Na alminiyum kuwa sai a shekara ana amfani da shi.

Sai dai bambancin bai tsaya ga ƙarko ba. Abu uku ne suka haɗu.

Na farko, kulkin alminiyum fanko ne a ciki. Idan ƙwallo ta haɗu da katako, ita ce ke lotsewa, kuma wajen lotsewar nan da dawowa daidai kaso mai yawa na ƙarfin dukan yakan salwanta ya zama zafi. Idan ta haɗu da bangon alminiyum mai siriri, bangon ne ke lotsawa ya dawo kamar fatar ganga, ya mayar wa ƙwallon da mafi yawan ƙarfin. Gwargwadon sirantar bango, gwargwadon tsallen ƙwallo. A tsakiyar shekarun 1990 masu ƙira suka sami sabbin gaurayen alminiyum masu ƙarfi, irin wanda ake kira C405, da suka ba su damar sirance bangon fiye da da. Wasu kulaken har lotsewa suke ta dindindin bayan 'yan wasanni, sai a canza. Wato an bar maganar ƙarko da aka faro da ita an koma neman nisa.

Na biyu, nauyi da inda nauyin yake. Ana auna kulki da tsawonsa a inci da nauyinsa a oza, a cire wannan daga wancan. A 1998 doka ta yarda da bambancin biyar: kulki mai inci 34 zai iya zama oza 29, kimanin giram 822. Na katako mai wannan tsawo yakan fi haka nauyi, kuma nauyinsa a can kai yake taruwa. Na alminiyum nauyinsa ya fi kusa da hannu, don haka ya fi saurin juyawa. Amfanin ba ƙarfi kaɗai ba ne: mai bugu yana samun damar jinkirta shawara kaɗan, ya ga inda ƙwallon ta dosa kafin ya saki hannu.

Na uku shi ne wanda masu jifa suka fi kuka da shi. A katako wurin da bugu ke daɗi ɗan taƙi ne. Jifan da ya matso jikin mai bugu yakan karya kulkin ko ya sa ƙwallon ta gangara a raunane. Alminiyum ba ya karyewa, sai irin wannan jifa ya zama ƙwallon da ta tsallake kan masu tsaron ciki ta faɗi a fili. Masu jifan jami'a suka rage jifan ciki, suka koma yawan murɗaɗɗen jifa a gefen waje, abin da masu farautar 'yan wasa na ƙungiyoyin ƙwararru suka daɗe suna cewa yana ɓata musu tarbiyyar hannu.

Alƙaluman NCAA na rukunin farko sun nuna tafiyar. A 1973, kakar katako ta ƙarshe, kowace ƙungiya kan ci maki 5.07 a wasa, hom-ran 0.42, kuma cikin kowane karo 1,000 da mai bugu ya tsaya bugu ana samun bugu mai kyau 266. A 1998 maki sun kai 7.12, hom-ran 1.06, bugu mai kyau 306.

Masu cewa a gyara da masu cewa a bari

Masu neman gyara, waɗanda Bill Thurston, kocin Kwalejin Amherst kuma mai kula da littafin dokokin besbol na NCAA, ya daɗe yana kan gabansu, hujja biyu gare su. Ɗaya ita ce wasan ya fita daga kamanninsa: dabarar matsar da mai gudu tasha-tasha ba ta da amfani idan kowa na iya tsallake katanga. Ɗayar ita ce tsaron rai. Bayan mai jifa ya saki ƙwallo, jikinsa kan matso gaba ya rage kusan mita 16 da rabi tsakaninsa da kulki, ga shi a karkace a kan ƙafa ɗaya. Ƙwallon da ta baro kulki da gudun mil 100 a awa tana cin kusan mita 45 a daƙiƙa. Ke nan ƙasa da kashi huɗu cikin goma na daƙiƙa yake da shi ya gani, ya ɗaga safar hannu ko ya kauce. Kowane ƙarin mil biyar yana cin wani abu daga wannan ɗan lokaci.

Kamfanonin ƙira sun amsa cewa ba a kawo alƙaluman raunuka da suka tabbatar alminiyum ya fi katako haɗari ba, kuma besbol na cikin wasannin jami'a masu ƙarancin rauni. Kamfanin Easton ya shigar da ƙarar NCAA yana neman dala miliyan 267, bisa cewa dokar za ta mayar da kayan da ya riga ya ƙera shara. Kociyoyi sun rabu. Da yawa daga manyansu suna da yarjejeniyar kuɗi da kaya da kamfanonin kulki, abin da ya sa ake sauraron ra'ayinsu da taka-tsantsan, amma suna da hujjar da ba ta kuɗi ba: yawan ci ya jawo 'yan kallo da talabijin ga wasan da a da ba a kula shi.

Akwai kuma masu cewa an ɗora wa kulki laifin da ba nasa kaɗai ba, kuma maganarsu na da tushe. A wannan shekarar ce Mark McGwire, wanda shi ma tsohon ɗan USC ne, ya yi hom-ran 70 a gasar ƙwararru, Sammy Sosa ya yi 66, duk da katako, a zamanin da daga baya aka gano ƙwayoyin ƙara ƙarfi sun yi yawa a cikinsa. Ɗaga ƙarfe ya zama ruwan dare a ƙungiyoyin jami'a. Masu jifa mafi kyau sukan sa hannu da ƙwararru tun daga sakandare, ba su biyo ta jami'a ba. Filin Rosenblatt kansa a kan tudu yake, iskar bazara kan tura ƙwallo waje, katangarsa ta gefe ba ta da nisa, har sai da aka ja ta baya bayan 'yan shekaru. Duk da haka, abin da ya biyo baya ya nuna kulkin ne babban dalili, domin duk lokacin da aka taɓa shi alƙaluma kan motsa a kakar da ta biyo.

Gyara uku kafin a dace

Matakin farko na awo ne, ya fara aiki a 1999. Bambancin tsawo da nauyi ya koma uku, wato kulki mai inci 34 ba zai gaza oza 31 ba, ƙarin giram 57. Kaurin kan kulki ya ragu daga inci biyu da uku bisa huɗu zuwa inci biyu da biyar bisa takwas, ragin kusan milimita uku.

Mataki na biyu shi ne gwajin na'ura da ake kira BESR, wanda ke auna saurin da ƙwallo ke baro kulki. Da farko an ambaci iyakar mil 93 a awa, aka ƙare a 97, Easton da NCAA suka sasanta a 1999. Zuwa 2000 hom-ran ya sauko kusan 0.8 a wasa. Amma tsugune ba ta ƙare ba, domin gwajin sabon kulki yake aunawa. Masu ƙira suka koma haɗa kan kulki da zaren kabon da ƙaro, shi kuwa wannan haɗi ƙara laushi yake da amfani: zaren ciki na tsattsagewa kaɗan-kaɗan, bangon ya ƙara tsalle. Kulkin da ya ci gwaji a masana'anta sai ya wuce iyaka bayan 'yan ɗaruruwan bugu. Wasu ma ba sa jira, sukan matse shi tsakanin naɗaɗɗun ƙarafa biyu su murza, ko su cire murfin kai su kankare bangon ta ciki. A gasar 2009 an gwada irin waɗannan kulake 25, 20 suka faɗi, aka dakatar da su. A 2010 maki sun koma 6.98 a wasa, dab da na 1998.

Mataki na uku, BBCOR, ya fara aiki a Janairun 2011. Maimakon saurin ƙwallo, shi tsallen bangon kai tsaye yake aunawa, wato nawa ne ke dawowa daga ƙarfin karon, aka sa iyaka a 0.50, kusan abin da katako mai kyau ke bayarwa. Na zaren kabon kuma sai an tsufar da shi da gangan a ɗakin gwaji an ga bai wuce iyaka ba. Masu ƙira suka kaurara bango ko suka saka zobe a ciki. A kaka ɗaya hom-ran ya faɗi daga 0.94 zuwa 0.52.

Nan kuma aka zarce. A shekarar ce gasar ta bar Rosenblatt ta koma sabon fili a tsakiyar Omaha, inda iska ta fi busowa ta fuskar masu bugu. A 2013 hom-ran uku aka yi a duk gasar, a 2014 ma uku, a gasar da aka taɓa yin 62. Matsakaicin ƙasa na 2014, wato 0.39, ya gaza na zamanin katako. Wannan karon ba a taɓa kulki ba, ƙwallon aka gyara: daga 2015 aka rage tudun ɗinkinta, iska ta daina riƙe ta sosai, gwaji ya nuna tana ƙara nisan kusan mita shida.

Abin da ya sauka a kan iyaye da yara

Dokar jami'a ba ta tsaya a jami'a ba. Makarantun sakandare sun ɗauki BBCOR a 2012, gasannin yara ƙanana suka sami nasu ma'aunin a Janairun 2018. Kowane sauyi na nufin kulkin da uba ya saya da ɗaruruwan daloli ya zama haramtacce, alƙalin wasa yana duba tambari kafin a fara, wanda ba shi da shi a ajiye shi gefe. Birnin New York ya hana kulkin ƙarfe gaba ɗaya a wasannin sakandare a 2007. A jihar Montana, bayan wani mai jifa ɗan shekara 18 ya rasu a 2003 sakamakon ƙwallon da ta same shi a kai, masu taimaka wa alƙali sun yanke wa kamfanin da ya ƙera kulkin diyyar dala 850,000 a 2009, a kan rashin gargaɗi game da haɗarin, ba a kan cewa ƙirar na da aibi ba.

Ga ɗan wasan da ke neman zama ƙwararre, alƙaluman 1998 da na 2014 ba sa kwatantuwa, shi ya sa masu farauta ke ba gasannin hutun bazara da ake bugawa da katako, irin ta Cape Cod, muhimmanci. Ensberg da Lane sun kai babbar gasa, duka biyun a ƙungiyar Houston, sun kuma yi bugu da katakon. Da yawa daga masu manyan alƙaluma na wancan zamani ba su kai ba.

USC ba ta sake ɗaukar kofin ba tun daga ranar. Yawan ci kuwa ya dawo ba tare da an sassauta ma'aunin 0.50 ba: 'yan wasa sun ƙara ƙarfi, ana koyar da ɗaga ƙwallo sama da taimakon na'urorin awo, masu ƙira kuma sun iya faɗaɗa wurin daɗin bugu a cikin iyakar doka. A wasannin ƙarshe na 2023, a filin nan da aka yi hom-ran uku a gasa guda, Florida ta doke LSU 24 da 4, washegari LSU ta rama 18 da 4 ta ɗauki kofin.